Yadda Ake Naɗa Alƙali a Amurka: Darasi Daga Rayuwar Mai Shari'a Constance Baker Motley

Wannan lacca ce da wani malamin shari'a ya gabatar a Yamai, gaban ɗalibai da lauyoyi da ƴan jarida. Ganin yadda batun ƴancin alƙalai ya ke yawan tasowa cikin muhawarar siyasa, muka ga ya dace mu kawo wa masu karatu ita ɗungurungum.

 

An roƙe ni in yi magana kan yadda ake naɗa alƙalin kotun tarayya ta matakin farko a ƙasar Amurka. Da na tsaya kan ayoyin doka kaɗai, da cikin minti biyar na gama, domin abin da tsarin mulkinsu ya ce kan wannan batu bai kai shafi guda ba. Amma doka a takarda daban, doka a hannun mutane daban. Saboda haka na zaɓi in bi rayuwar mutum ɗaya, mu ga ta inda ta fito, da wanda ya ɗaga ta, da wanda ya tare mata hanya, da abin da ta yi da kujerar bayan ta hau. Wannan mutum ita ce Constance Baker Motley, mace baƙar fata ta farko da ta zama alƙaliyar tarayya a Amurka, cikin shekarar 1966.

Tsarin kotunan tarayya

Kowace jaha daga cikin jahohi 50 na Amurka tana da kotunanta da dokokinta, kuma a can ne ake yanke mafi yawan shari'u na aure da gado da filaye da sata da kisa. A gefe guda akwai kotunan gwamnatin tarayya, masu hawa uku. A ƙasa akwai kotunan gunduma guda 94, masu kujerun alƙalai sama da 670. A tsakiya akwai kotunan ɗaukaka ƙara 13. A sama kuma Kotun Ƙoli, mai alƙalai 9. Kotun gunduma ita ce inda ake kiran shaidu, a ji ta bakin mai ƙara da wanda ake ƙara, a yanke hukunci na farko. Duk wanda ya ke ganin hukuma ta take masa haƙƙin da tsarin mulki ya ba shi, ƙofar da ya kan fara ƙwanƙwasawa ke nan.

Tsarin mulkin 1787 ya shimfiɗa sharuɗɗa uku. Na farko, shugaban ƙasa ne ke gabatar da suna, amma naɗi ba ya tabbata sai Majalisar Dattawa ta amince. Na biyu, alƙali yana riƙe da kujerarsa muddin halinsa na gari ne, wato a aikace har ya mutu ko ya ajiye aiki da kansa. Na uku, ba a rage masa albashi yana kan aiki. Hanya ɗaya ce ta cire shi: Majalisar Wakilai ta tuhume shi, sa'an nan kashi biyu cikin uku na sanatoci su same shi da laifi. Daga 1789 zuwa yau, alƙalai takwas kaɗai aka cire ta wannan hanya, na baya-bayan nan shi ne Thomas Porteous na jahar Luwiziyana cikin 2010, bisa laifin cin hanci da rantsuwar ƙarya.

Ku lura, jama'a, babu gasar jarrabawa, babu makarantar horon alƙalai da za a fito daga cikinta a shiga aiki, kamar yadda muka gada daga Faransa. Lauya ne da ya riga ya yi suna ake ɗaukowa. Kuma bisa al'adar da aka daɗe a kanta, sanatocin jahar da kotun ta ke su ne kan ba fadar shugaban ƙasa suna, kuma kwamitin shari'a na Majalisar Dattawa ya kan aika musu wata shuɗiyar takarda domin su nuna yardarsu kafin a zauna kan batun. Hukumar bincike ta FBI ta tona tarihin mutum, ƙungiyar lauyoyi ta faɗi ra'ayinta, kwamiti ya kira shi ya yi masa tambayoyi, sa'an nan a kai gaban majalisa. Siyasa tana cikin lamarin tun daga tushe, kuma Amurkawa ba su ɓoye haka.

Ƴar mai dafa abinci

An haifi Constance Baker ranar 14 ga Satumba 1921 a birnin New Haven na jahar Konetikat. Ita ce ta tara cikin ƴaƴa goma sha biyu. Iyayenta baƙi ne da suka zo daga tsibirin Nevis na yankin Karibiyan, kuma mahaifinta kuku ne, yana dafa wa ƙungiyoyin ɗaliban jami'ar Yale abinci. Ta gama makarantar sakandare cikin 1939 da sakamako mai kyau, amma gidansu babu kuɗin jami'a, sai ta shiga aikatau da ƙananan ayyuka.

Wata rana aka kira taro a wani gidan taruwar jama'a da wani attajiri ɗan kwangila farar fata, mai suna Clarence Blakeslee, ya ba da kuɗin gina wa baƙaƙen unguwar. Tambayar ita ce me ya sa mutanen unguwa ba su zuwa gidan. Yarinyar ta miƙe ta ce dalili shi ne ba a ba su ta cewa wajen tafiyar da shi ba, wanda kuwa ba a shawarta da shi ba, ba ya ɗaukar abu nasa. Maimakon attajirin ya ji haushi, sai ya sa aka kira ta, ya ɗauki nauyin karatunta duka. Ta fara a jami'ar Fisk ta birnin Nashville, ta koma jami'ar Niyok inda ta sami digiri kan tattalin arziki cikin 1943, ta kuma gama makarantar shari'a ta jami'ar Columbia cikin 1946. A wannan shekarar ce ta auri Joel Motley, daga nan sunanta ya cika.

Shekara ashirin a fagen fama

Tun ba ta gama karatu ba, cikin 1945, Thurgood Marshall ya ɗauke ta aiki a ofishin lauyoyin ƙungiyar NAACP, mai kare haƙƙin baƙar fata. A wancan zamani, a jahohin kudu, doka ce ta raba fari da baƙi a makaranta da jirgin ƙasa da asibiti da wurin cin abinci. Dabarar ofishin Marshall ita ce a bi waɗannan dokoki ɗaya bayan ɗaya a kotunan tarayya, a nuna sun saɓa wa gyara na 14 na tsarin mulki, wanda aka yi cikin 1868, wanda kuma ya wajabta wa kowace jaha ta ba kowa kariyar doka daidai wa daida. Motley tana cikin waɗanda suka rubuta takardun shari'ar Brown, wadda a cikinta Kotun Ƙoli ta haramta wariya a makarantun gwamnati ranar 17 ga Mayu 1954.

Samun hukunci a Washinton abu ɗaya ne, zartar da shi a kudu kuwa wani abu ne daban, kuma nauyin wannan aiki ya faɗa kan Motley. Ita ce lauyar Charlayne Hunter da Hamilton Holmes da suka shiga jami'ar Jojiya cikin Janairun 1961. Ita ce lauyar James Meredith a jahar Misisipi, inda alƙalin gunduma Sidney Mize ya yanke cewa wai ba launin fata ne ya hana a ɗauke shi ba, sai da kotun ɗaukaka ƙara ta rushe wannan hukunci. Ranar 30 ga Satumba 1962 da aka kai Meredith harabar jami'ar, tarzoma ta ɓarke, mutum biyu suka mutu, sai da shugaba Kennedy ya aika da sojoji. Cikin 1963 ta sa aka mayar da yara ƴan makaranta fiye da dubu da aka kora a birnin Birmingham saboda sun shiga zanga-zangar Martin Luther King. Medgar Evers, wanda ya kan tarbe ta ya yi mata rakiya a Misisipi, an harbe shi a ƙofar gidansa cikin Yunin wannan shekara.

Sau goma ta tsaya gaban Kotun Ƙoli, ta ci tara. Ta goman, wadda ta shafi yadda masu gabatar da ƙara ke cire baƙaƙe daga cikin ƴan ƙasa masu taya alƙali yanke hukunci, ta faɗi cikin 1965, amma cikin 1986 kotun da kanta ta sake matsayi ta koma kan abin da Motley ta nema. Duk da haka, da Marshall ya bar ofishin cikin 1961 domin zama alƙali, ba ita aka ba shugabanci ba, Jack Greenberg aka ba. Daga baya ta shiga siyasa: cikin 1964 ta zama mace baƙa ta farko a majalisar dattawan jahar Niyok, cikin 1965 kuma mace ta farko da ta shugabanci ƙaramar hukumar Manhattan.

Wata bakwai ana jan ƙafa

Shugaba Lyndon Johnson ya so da farko ya kai ta kotun ɗaukaka ƙara, kan kujerar da Marshall ya bari. Manyan alƙalai da lauyoyin Niyok suka nuna ƙin amincewa, sai ya sauko mataki guda. Ranar 26 ga Janairu 1966 ya gabatar da sunanta domin kotun Gundumar Kudancin Niyok, wadda ke zama a Manhattan, wadda kuma shari'un manyan bankuna da kamfanoni ke bi ta cikinta.

To, a nan ne gizo ke saƙa. Shugaban kwamitin shari'a na Majalisar Dattawa a lokacin shi ne James Eastland, sanatan Misisipi, babban mai gonakin auduga, wanda ya riƙe kwamitin daga 1956 zuwa 1978, kuma ya yi suna wajen kare wariya. Macen da ta fasa ƙofar jami'ar jaharsa, yau takardarta ta faɗo hannunsa. Bai iya cewa ba ta san aiki ba, domin Kotun Ƙoli shaida ce. Sai ya ɗauko zargin da ya fi kowane kaifi a zamanin yaƙin cacar baka, cewa wai tana budurwa ta shiga ƙungiyar matasan kwaminis, bisa faɗar wata mai ba da rahoto. Ta musanta, ba a kuma kawo wata hujja ba, amma takarda ta yi ta kwana cikin aljihun tebur. Sai ranar 30 ga Agusta 1966 majalisa ta amince, bayan wata bakwai.

Abin lura shi ne, mutum ɗaya ya iya jinkirta naɗin, amma bai iya hana shi ba, domin zargin a fili aka yi shi, jaridu suka rubuta, sanatoci suka auna. Kuma wannan ƙofa da Motley ta shiga, ita ce dai abokin Eastland, Harold Cox, ya bi ya zama alƙalin gunduma a Misisipi cikin 1961, da sa hannun Kennedy, mutumin da ya riƙa zagin baƙar fata daga kan kujerar shari'a, ya kuma zauna a kanta har ƙarshen rayuwarsa. Rigar da ta kare mai gaskiya daga fushin masu mulki, ita ce kuma ta kare azzalumi daga fushin talakawa. Wanda duk zai yaba wannan tsari, sai ya yabe shi da idonsa biyu a buɗe.

A kan kujera

Shari'u uku sun isa su nuna irin alƙaliyar da ta zama.

Ta farko ita ce ta Martin Sostre, wani ɗan kurkuku da aka kulle shi kaɗai cikin ɗaki fiye da shekara guda. Cikin 1970 ta yanke cewa an zalunce shi saboda ra'ayinsa da kuma ƙararrakin da ya ke rubutawa, ta ce a biya shi diyya, ta kuma gindaya wa hukumar gidan yari ƙa'idoji. Shekara guda bayan haka kotun ɗaukaka ƙara ta soke babban ɓangare na hukuncin. Motley ta bi umurnin na gaba da ita, domin ƴancin alƙali bai kai ga ya fi ƙarfin kotun da ke samansa ba.

Ta biyu ita ce ta 1975, sa'ad da wata lauya, Diane Blank, ta yi ƙarar babban kamfanin lauyoyi na Sullivan & Cromwell kan cewa yana ƙin ɗaukar mata. Lauyoyin kamfanin suka nemi Motley ta janye, wai kasancewarta mace, baƙa, wadda ta yi rayuwarta tana yaƙi da wariya, ba za ta iya yin adalci ba. Ta ƙi, ta kuma rubuta dalilinta: in har jinsi ko launi ko aikin da mutum ya yi a baya ya isa ya hana shi sauraron ƙara, to babu alƙali ɗaya a kotun da zai iya sauraronta, tun da kowanensu ko namiji ne ko mace, kuma kowanensu lauya ne da ya kare wasu a baya. Wannan amsa ta tona wani zato da ke ɓoye, wato cewa namiji farar fata shi ne ma'auni, sauran mutane kuwa masu son kai ne. Alƙalai da dama sun dogara da wannan hukunci daga baya.

Ta uku ita ce ta 1978. Wata ƴar jarida ta mujallar Sports Illustrated, Melissa Ludtke, an hana ta shiga ɗakin ƴan wasan ƙungiyar bezbol ta Yankees domin yin hira bayan wasa, alhali abokan aikinta maza suna shiga su sami labari. Motley ta duba ta ga filin wasan mallakar birnin Niyok ne, saboda haka hannun hukuma yana ciki, gyara na 14 kuma ya hau kansa. Ta ce ana iya kare mutuncin ƴan wasa ta wasu hanyoyi, kamar sa labule, ba tare da an hana mace neman abincinta ba.

Cikin 1982 ta zama babbar alƙaliyar gundumar, mace ta farko a wannan matsayi. Cikin 1986, tana da shekara 65, ta koma sahun dattawan alƙalai masu rangwamen aiki, ta ci gaba da sauraron ƙararraki har rasuwarta ranar 28 ga Satumba 2005. Ta yi shekara 39 kan kujera, ƙarƙashin shugabannin ƙasa takwas, daga Johnson zuwa George Bush ƙarami, babu ko ɗaya da ya isa ya canza mata wurin aiki. Cikin 2022, da aka gabatar da Ketanji Brown Jackson domin zama mace baƙa ta farko a Kotun Ƙoli, sunan Motley ta ambata, ta kuma tuna cewa ranar haihuwarsu ɗaya ce.

Abin da ya shafe mu

Ban zo in ce mu kwafo tsarin Amurka ba. Yana da cututtukansa, kuma sun ƙaru. Cikin 2013 sanatoci suka soke ƙa'idar da ke bukatar ƙuri'a 60 kafin a rufe muhawara kan alƙalan ƙananan kotuna, cikin 2017 suka yi haka ga Kotun Ƙoli, har ya zama jam'iyya mai rinjaye tana iya naɗa nata ba tare da ta nemi ƴan adawa ba. Tsarin da muka gada na gasar jarrabawa da horo yana da nasa alheri, domin ɗan talakan da bai san kowane ɗan siyasa ba yana iya zama alƙali da ƙoƙarinsa. Amma rauninsa yana wani wuri: alƙalinmu ma'aikaci ne mai jiran ƙarin girma da canjin wurin aiki, wanda kuwa ya riƙe waɗannan biyu ya riƙe wuyan alƙali ko da bai ce masa uffan ba. A Amurka siyasa tana tsayawa a bakin ƙofa, ta yi iya yinta, in mutum ya shige sai ta sake shi. Inda ake bin tsarin Faransa kuwa ƙofa a buɗe ta ke, amma siyasa ta kan bi mutum har cikin ɗaki.

Mu ma mun ga alƙaliya mai tsayawa kan gaskiya. Cikin 2009, Kotun Tsarin Mulki ƙarƙashin Madam Salifou Fatimata Bazèye ta ce ƙuri'ar raba gardama ta tazarce ta saɓa wa tsarin mulki. Ranar 29 ga Yuni aka rushe kotun, duk da cewa tsarin mulkin 1999 ya ce ba a tsige membobinta. Aka yi ƙuri'ar cikin Agusta, ranar 18 ga Fabrairun 2010 sojoji suka karɓi mulki. Ƙarfin zuciya bai gaza ba a wannan kotu, rubutacciyar doka ma ba ta gaza ba. Abin da ya gaza shi ne yardar masu mulki su sha kaye gaban alƙali su haƙura. A 1962 Kennedy bai yi ɗokin rigimar Misisipi ba, domin ƙuri'un kudu suna da amfani gare shi, amma da kotu ta yi umurni sai ya aika da soja su zartar da shi.

Saboda haka, ɗalibaina, in kun ji ana gardama kan gyaran shari'a, ku yi tambaya uku. Wa ke zaɓen alƙali, kuma a fili ake yi ko a ɓoye? Bayan an naɗa shi, wa ke da ikon ɗaga shi ko jefa shi wani gari? In ya yanke hukuncin da bai yi wa gwamnati daɗi ba, wa zai zartar? Amsar waɗannan ita ce ke nuna ko talakan da aka ƙwace wa gona a Tawa ko Damagaram yana da wurin kai kuka.

Ku kuma ƴan mata da ke cikin wannan ɗaki, ku tuna cewa wadda muka yi magana a kanta ta fara ne da miƙewa cikin taron unguwa ta faɗi abin da manya suka yi shiru a kai, tana da shekara goma sha takwas ko sha tara. Iyayenku mata ma sun fito kan titunan Yamai ranar 13 ga Mayu 1991 suna neman kujerunsu wajen shirya taron ƙasa, kuma an ƙara musu.

 Abin da na faɗa daidai, Allah ya amfane mu da shi. Inda na yi kuskure, ku gyara mini cikin tambayoyi. Allah ya ba ƙasarmu alƙalai masu tsoronsa, da shugabanni masu jin maganar alƙali.